Dan Allah wa ya iya kaza da miyar gyaɗa irin ta saurin nan?

Maman Ilham:

Assalamu alaikum 'yan uwa, barkanmu da warhaka. Dan Allah taimako nake nema wajen masu hannu a girki. Akwai wani girkin kaza da nake ta cin karo da shi a bidiyo, kaza ce yanka-yanka cikin miyar gyaɗa mai kauri, kalarta ja-ja haka tana ƙyalli, ana zubawa kan farar shinkafa, suna cewa wai irin na ƙasashen Afirka ta Yamma ne kuma wai minti 30 an gama an sauke. To ni dai minti 30 ɗin ne ya ja ni, don sai wajen shida nake shigowa daga aiki, ga yara ga magariba ga wanke-wanken safe na jirana, bani da awa biyun da zan tsaya kan tukunya.

Na gwada amma sam bai fito kamar yadda na gani ba. Gyaɗar kwalba na sa irin wadda ake shafa wa burodi, sai miyar ta yi wani zaƙi-zaƙi, ga gafi in ka kai baki, ga gindin tukunya ya kama har ƙauri ya fara shiga, sannan tsokar ƙirjin da na yi da ita ta bushe tana maƙalewa a haƙori. Maigida bai ce komai ba, ya ci rabi ya sha ruwa ya ce sannu da aiki, kun dai san irin wannan sannun.

Abinda nake son sani, wace irin gyaɗa ake sawa kuma nawa ake sawa in kazar rabin kilo ce? Yaushe ake zubata, kafin ruwa ko bayan ruwa? Sannan da gaske ne minti 30 ɗin ko dai yanke bidiyon suke yi? Mu huɗu ne manya biyu yara biyu. Nagode Allah ya saka.

Anty Mai Ludayi:

Wa alaikumus salam Maman Ilham, sannu da ƙoƙari. Yanke bidiyon suna yi mana, wa zai tsaya kallon albasa na soyuwa, amma ba ƙarya suka yi sosai ba, in hannunki ya saba minti 35 zuwa 40 kin sauke. Bari na bi miki abubuwan da kika lissafo.

Zaƙin nan daga kwalbar ne ba daga hannunki ba. Yawancin gyaɗar shafa burodi akwai suga a ciki da gishiri da wani mai da suke ƙarawa don kar ta rabu ta daɗe a shago tana sumul. Ki juya bayan kwalbar ki karanta, wadda kike nema ita ce wadda aka rubuta gyaɗa kawai, ko gyaɗa da gishiri, kuma za ki ganeta tun kafin ki buɗe don mai na kwanciya a samanta. In baki samu ba ki soya gyaɗarki sama-sama har ta yi ƙamshi, ki murje ɓawon ki fece, ki zuba a bilenda ki ta niƙa kina tsayawa kina kankare gefe, da farko gari za ta zama, sai ta cure, sai can ki ga ta saki mai ta yi laushi da kanta ba sai kin ɗiga ko ruwa ba. Ki yi da yawa ranar hutu ki ajiye a kwalba mai murfi, shi ne rabin saurin.

Naman kuma, ki rabu da ƙirji a wannan girkin. Cinya za ki nema a zare miki ƙashi, ki yanka kamar girman babban yatsa biyu a haɗe. Cinya tana da ɗan kitse a jikinta, ko ta ƙara minti goma a wuta ba abinda zai sameta sai ma ƙara laushi, shi kuwa ƙirji kina juya baya ya bushe. In ƙirjin kawai kike da shi to ki soya shi sama-sama ki kwashe ki ajiye, kar ki mayar da shi tukunya sai saura minti 6 ko 7 ki sauke.

Ga yadda nake yi na mutum huɗu. Rabin kilo na cinya, albasa babba ɗaya, tafarnuwa ƙwara uku ko huɗu, ɗanyar citta ɗan gutsure, attarugu ɗaya ko biyu gwargwadon bakin yaranki, tumatirin gwangwani cokali biyu babba, markaɗaɗɗiyar gyaɗa cokali biyar zuwa shida babba wato wajen kashi ɗaya cikin uku na kofi, ruwan zafi ko romo kofi biyu, dunƙule da gishiri, sai rabin lemon tsami. Kafin ki taɓa komai ki fara ɗora shinkafarki da butar ruwan zafi, su suna can suna yi ke kina nan kina yi.

Ki barbaɗa wa naman gishiri, ki sa mai cokali ɗaya kacal a tukunya mai kaurin gindi, in ya yi zafi sosai ki jera naman kar ki tula shi wuri ɗaya kuma kar ki ta juyawa, ki barshi minti uku ya yi ja ta gefe ɗaya sannan ki juya. Ba so ake ya dahu ba, kala ake nema. Ki kwashe. Za ki ga wani ja-ja ya manne a gindin tukunyar, kar ki wanke kar ki canza tukunya, daɗin miyar na nan. Ki zuba albasa a kai ki ta murzawa da cokalin katako, ruwan albasar zai ɗago shi. In ta yi laushi ki sa tafarnuwa da citta da attarugu, minti ɗaya, sai tumatirin gwangwanin, shi kuma ki soya shi sosai minti biyu zuwa uku har kalarsa ta ɗan yi duhu ya daina wannan tsamin na gwangwani.

To nan ne wurin da mutane ke samun matsala. Kar ki ɗebo gyaɗar da cokali ki jefa a tukunya haka nan, nutsewa za ta yi ta zauna a ƙasa ta ƙone kina sama kina juya ruwa. Ki sata a kwano daban, ki zuba ruwan zafi kaɗan ki dama. Da farko za ki ga abin mamaki, maimakon ta saki sai ta ƙara cijewa ta yi tauri ta yi wani dusu-dusu kamar ta lalace, kar ki tsorata ki ci gaba da ƙara ruwan kaɗan-kaɗan kina damawa, can za ki ga ta saki ta yi sumul ta yi haske ba gudaji. Sai ki juye a tukunya ki ƙara sauran ruwan, ki mayar da naman har da ɗan ruwan da ya tsatso a farantin, ki sa dunƙule. A wannan lokacin miyar za ta yi miki kamar ta tsinke da yawa, haka ake so, gyaɗa shan ruwa take tana kauri a wuta.

Tana fara tafasa ki rage wuta can ƙasa, ki rufe rabi ki bar kafa, kuma duk bayan minti biyu ko uku ki kai cokali har gindin tukunya ki kankaro, ba juya sama kawai ba. Minti 15 zuwa 20. Yadda za ki gane ta yi, za ki ga ɗigo-ɗigon jan mai sun fara fitowa ta gefen tukunya suna taruwa, kalar ta tashi daga fari-fari ta koma ja mai duhu, in kin ɗanɗana babu gafi. Gafin da kika ji alamar gyaɗar bata samu lokacinta a wuta ba kenan. Ki kashe wuta sannan ki matsa lemon tsamin ki ɗanɗana gishiri. Kar ki raina lemon nan, shi ke hana miyar ginsar mutum.

Hajiya Inna:

Salamu alaikum 'ya'yana. Na karanta na Mai Ludayi, ta yi ƙoƙari kuma ba abinda ta faɗa da ba daidai ba, amma ni dai bari na faɗi nawa ko ba za a so ba. Wannan abin da kuke yi cikin rabin awa abinci ne mai kyau, a ci a ƙoshi a kwanta, amma kar a ce shi ne wanda mutanen Mali da Senegal suke yi. Na yi maƙwabtaka da wata baiwar Allah 'yar Mali shekaru, a hannunta na ga yadda ake yinsa. Su tigadegena suke ce masa, a Senegal kuma mafe, kuma yawanci ma da naman sa ko na rago suke yi, in kaza ce to da ƙashinta da fatarta. Tukunyar na kan wuta fiye da awa ɗaya tana ɓararraka a hankali, a jefa karas guda-guda, kabeji a raba huɗu, dankali mai zaƙi, rogo, wani sa'in yalo, attarugu kuma ba a jajjaga shi, gudansa ake sakawa ya yi ta yawo a sama yana bada ƙamshi, mai son yaji ya ɗauka ya murtsuke a gefen kwanonsa. Wasu suna sa daddawa irin tasu. Kafin a sauke mai ya taso ya rufe saman miyar ja wur, har sai an sa ludayi an rage.

To ina kaza marar ƙashi da minti ashirin za ta kamo wannan? Ƙashi ne ke bada romo, kuma gyaɗa in ta daɗe a wuta wani ɗanɗano take yi daban wanda ba a samunsa da gaggawa. Sauri ya haifi nawa, in an ce sai an yi a guje ƙarshenta a ƙona a sake ɗorawa.

Ba ina cewa kar ki yi ba ne Maman Ilham, na san zamanin ya canza, mace ta wuni a wajen aiki ba za a ce ta dawo ta tsaya awa biyu ba, ba adalci. Shawarata dai, ƙashin da aka zare daga cinyar nan kar ki bari a wajen mai yanka kar ki zubar. Ki haɗa da wuya da fiffike ki tafasa ranar da kike gida da albasa da citta, ki tace ki zuba a 'yan robobi ki sa a firiza. Ranar girkin ki ɗauko ɗaya ki narkar ki dama gyaɗarki da shi maimakon ruwa zalla, wallahi sai kin ji bambanci, kuma ba za ki buƙaci tula dunƙule ba. Sannan in kazar gida ce mai tauri ko tsohuwar kaza mai ƙwai, ki manta da maganar minti 30 gaba ɗaya, wannan sai an tafasata daban ta yi laushi tukuna, ko a sa a tukunyar firesha. Lissafin Mai Ludayi na kazar gidan gona ce mai taushin nama.

Kuma in za ki sa kayan lambu a na saurin, ki yanka ƙanana sosai. Dankali mai zaƙi in aka yanka shi ƙanana zai dahu cikin minti 15 ɗin nan, alayyafo kuwa sai dab da saukewa. Kar ki ga na ce guda-guda ki jefa karas ɗungurungum, za ki sauke yana garas-garas.

Gwauro Mai Risho:

Ina neman izinin shiga zancen iyaye mata. Hajiya ina gaisuwa, a yi min afuwa zan ɗan ja da ke kaɗan amma cikin ladabi. Ni a ganina babu wani guda ɗaya da za a ce shi ne na asali sauran kwaikwayo ne, don kowace ƙasa da yadda take nata. A Gambiya domoda suke yi, suna sa masa tsami sosai da lemon kuma suna son kabewa a ciki. A Ghana kuma nkatenkwan, ita ruwa-ruwa ce ba kauri irin na mafe, ana ci da fufu ko da curin shinkafa da suke kira omo tuo, kuma kaza ce ma aka fi yi da ita. Ita kanta gyaɗar baƙuwa ce a nahiyar, daga Kudancin Amurka ta fito, Turawan Fotugal ne suka kawota gaɓar Afirka ta Yamma wajen ƙarni na 16, tumatir da attarugu ma daga can ɓangaren duniyar suka zo. Gurjiya ce 'yar gida tun fil azal. Kenan girkin tun farkonsa kowa na sa abinda ya samu ne, wadda ta dawo daga aiki ƙarfe shida ma ta yi nata daidai lokacinta.

Amma maganar cewa gyaɗa na son daɗewa a wuta, wannan Hajiya ta fi ni gaskiya, kuma a nan ne dabarar 'yan Ghana take da amfani ga mai sauri. Su da yawansu ba sa jiran sai an gama da nama sannan a fara dafa gyaɗa. Ƙaramar tukunya daban suke samu, a dama gyaɗar da ruwa da tumatirin gwangwani a ɗora a wuta kaɗan ana juyawa, ta yi ta kauri tana tsalle har mai ya fito, sannan a juye cikin romon kazar. To in kina da wuta biyu Maman Ilham, kina shiga kicin abu na farko ki dama gyaɗa ki ɗora a gefe, tana can tana dahuwa ke kina yanka albasa kina soya nama, duk sanda kika juya naman ki juya ta ita ma. Kafin ki gama soya tumatir ta ci minti 15 a wuta, kina haɗawa minti 10 ya isa naman ya ƙarasa. Kin ga gyaɗar ta samu kusan minti 25 amma agogonki bai ƙaru ba. Illarsa ɗaya, tukunyar wanki ta ƙaru, sannan tana fantsama in ta yi kauri kuma tana ƙona hannu ba wasa, ki yi amfani da cokali mai dogon hannu.

Ni da nake da risho ɗaya tal sai dai na fara dafa shinkafa na naɗe tukunyar a tawul, to ni kam ba a minti 30 nake gamawa ba.

Maman Ilham:

Kai masha Allah, nagode ƙwarai, Anty da Hajiya da Malam Gwauro Allah ya biya. Na duba kwalbar tawa kuwa, suga ne na biyu a jerin abinda aka rubuta. Hajiya in sha Allah ranar hutu zan yi na dogon zangon ma in ji yadda yake.

Ƙarin tambaya dan Allah. Man da kuke cewa yana tasowa, ni da na ga irin haka a wata miyar sai na ɗauka lalacewa ta yi, a kwashe shi ake yi ko a juya? Maigida an ce ya rage maiƙo. Sannan in na yi da yawa zai kai kwana nawa a firji, don in zan iya yin na kwana biyu a tashi ɗaya ai na huta. Kuma ƙaramin nawa shekararsa ɗaya da 'yan watanni bai taɓa cin abu mai gyaɗa ba, in bashi?

Ummu Sadiq:

Maman Ilham bari na amsa miki wannan ɓangaren tunda ya shafi lafiya. Tasowar mai ba lalacewa ba ce a wannan miyar, man gyaɗar ne da kanta, don gyaɗa kusan rabin nauyinta mai ne, kusan kashi ɗaya cikin huɗu kuma furotin. Shi ya sa Anty ta ce cokali ɗaya kacal na mai wajen suya, wasu ma in cinyar da fata ne ba sa sa ko ɗigo. In an sauke ki bar tukunyar ta huta minti biyar, man zai taru, ki karkatata kaɗan ki kwashe da cokali. In kuma ta kwana a firji ya fi sauƙin cirewa. Na Maigida ki rage masa miyar ki yawaita ganye, don ko an kwashe na sama akwai saura a ciki, miya ce mai nauyi ba a cika ludayi da ita.

Ajiya kuma, kwana 3 zuwa 4 a firji in firjin na sanyi yadda ya kamata ba ana ɗauke wuta rabin yini ba. In ba ki da tabbacin wuta to firiza ko ki yi daidai ci. Kar ki barta a waje fiye da awa biyu bayan saukewa, in ana tsananin zafi ma awa ɗaya, ki juye a roba mai faɗi marar zurfi ta fi saurin hucewa. Washegari za ki ga ta daskare ta yi kauri sosai har cokali na tsayawa, ki ɗan zuba ruwa ki ɗumama a wuta kaɗan kina juyawa har ta tafasa ko'ina, kuma iya wadda za a ci za ki ɗiba, ba a ta ɗumama tukunya guda ana mayarwa ba. Shinkafar ma haka, mutane na raina ta amma dafaffiyar shinkafa da ta wuni a waje tana sa amai da gudawa. Naman kaza in kina da ma'aunin zafi na girki, 74 a ma'aunin Selshiyos ake so tsakiyarsa ya kai, in babu ki tsaga mafi girman yankan ki duba, kar ki ga ja ko ruwa mai jini-jini. Katako da wuƙar da kika yanka ɗanyar kaza ki wanke da sabulu kafin su taɓa wani abu.

Tunda za ki fara niƙa gyaɗa da kanki, ki zauna ki tsinceta da kyau. Duk ƙwarar da ta motse, ko ta yi baƙi, ko ta yi hunhuna, ko ta fashe ta canza kala, ki zubar kar ki ji asara. Akwai guba da hunhunar gyaɗa ke haifarwa sunanta aflatoksin, tana illa ga hanta, kuma suya ko tafasa ba sa kawar da ita. In kin tauna kin ji ɗaci ki tofar. Ki ajiye gyaɗa a busasshen wuri.

Maganar yaro, gyaɗa na cikin abincin da jikin wasu baya karɓa, kuma ga wasu abin yana tsanani. In yana da ƙyasbi ko ƙurajen fata masu tsanani tun yana jariri, ko ya taɓa samun matsala da ƙwai, ki fara tambayar likita kafin ki bashi. In babu ko ɗaya, ki fara da ɗan kaɗan a bakin cokali da rana kina gida kina kallonsa, ba da dare ana shirin barci ba, ki jira ki gani. In kika ga borin jini, kumburin leɓe ko ido, amai, ko numfashinsa ya canza, asibiti kai tsaye ba jira. Kuma kar a ba yaro ƙarami gyaɗa ƙwara ko curin markaɗaɗɗiya mai kauri, yana iya shaƙewa. Nasa ki ɗiba kafin yaji ya yi yawa. In kina da baƙi ma ki riƙa faɗa musu akwai gyaɗa a ciki, don in tumatir ya rina miyar ba kowa ke ganewa da ido ba.

Anty Mai Ludayi:

Ummu Sadiq ta gama magana. Malam Gwauro dabararka ta tukunya biyu na karɓa, sai dai in ƙara cewa wadda bata saba ba kar ta fara da ita, hankali ne zai rabu biyu ta ƙona gyaɗa ta ƙona albasa. Ki yi na tukunya ɗaya tukuna har idonki ya san kalar da ake nema.

Na manta ban faɗa ba ɗazu, in tsautsayi ya sa ta kama, kina kai cokali kika ji gindin ya yi kurtsi-kurtsi ko hancinki ya jiyo ƙauri, to ki tsaya cak kar ki kankare. Ki sauke ki juye ta saman a wata tukunyar a hankali ki bar na ƙasan, ki ƙara ruwan zafi kaɗan ki ci gaba. Kina kankarowa kin gama da miyar, babu abinda ke ɓoye ƙaurin gyaɗa. Tukunya mai siririn gindi ita ce babbar mai jawo wannan, in ita kaɗai gareki ki ɗora tsohon kasko a kan wutar sannan ki ɗora tukunyar a kansa.

Ita kuma kwalbar mai sugan kar ki zubar, yara su shafa a burodi. In ma wata rana ita kaɗai ce a gidan kuma dole sai an yi, ki rage yawanta zuwa cokali huɗu, ki ƙara tumatir cokali ɗaya da lemon tsami guda maimakon rabi, kar ki sa dankali mai zaƙi ko karas ranar, sannan ki yi hankali da gishiri don da nata ta zo. Ita ba lallai ki ga mai ya taso sosai ba saboda abinda suka sa mata, to da harshe za ki gane ta yi, ki ɗanɗana daga minti 15.

Hajiya ranar da za a yi na awa biyun a sanar da mu, da ƙashi da rogo da komai, ni zan zo da shinkafa.

Hajiya Inna:

Allah ya kaimu. Amma ki zo da wuri, yankan kabeji da ɓare tafarnuwa naki ne.